Kwalbar Dalmofin

A Balan in ka tambayi gidan Garzali za a ce maka wanne Garzalin, amma in ka ce Dokta nan take za a nuna maka, ana murmushi. Shi ya raɗa wa kansa sunan. Asalin abin kuwa, wani rani ne ya tafi Kano ya yi dakon kwalaye a kasuwar 'yan magani, ko damina bai kai ba aka sallame shi saboda surutu. To tun daga nan bakinsa bai sake rufuwa ba. Sana'arsa ta gaskiya acaɓa ce tsakanin Gaya da ƙauyukan Ajingi, amma duk wanda ya hau bayansa lafiya lau sai ya sauka da cutar da bai san yana da ita ba, har da sunan maganinta.

Abu ɗaya Garzali yake so fiye da jin muryar kansa, shi ne Haulat 'yar Malam Barau na Toranke, wadda take koyarwa a Islamiyyar garin. Ita ma, ba a ɓoye ba, tana sonsa. Ta san rabin zancensa iska ne, amma yana sa ta dariya, hannunsa a sake yake, kuma ba a taɓa jin ya zagi kowa ba. An kai gaisuwa an karɓa. Malam Barau ya ce a bari a gama kaka, gero ya shiga rumbu, sannan manya su zo a sa rana. Abin da ya rage wa Garzali kawai shi ne ya kama bakinsa zuwa lokacin, wanda a wajensa ya fi noman gandu wuya.

Shi Malam Barau fuka ce da shi tun yana saurayi. Da an fara sussuka ƙaiƙayi ya tashi, sai ƙirjinsa ya kama kuka kamar an matse kyanwa, don haka shekara da shekaru yana noma gero amma ba ya ganin ranar casarsa, sai dai ya kulle kansa a ɗaki a zo a gaya masa buhu nawa aka samu. A asibitin sha-ka-tafi an ba shi inhela, wata 'yar roba shuɗiya da ake sawa a baki a matsa a shaƙa. Tana yi masa aiki, amma ya tsane ta. Ya ji ana cewa wanda ya fara ta ba ya dainawa, sannan kuma yana jin kunya a ga dattijo kamarsa yana tsotsar roba kamar jariri. Sai Haulat ta tsaya a kansa yake shaƙa, shi ma a bayan ƙyaure.

Maganin da zuciyarsa take kai shi ne Dalmofin, wasu ƙananan ƙwayoyi farare a kwalba mai ruwan ƙasa, masu ɗaci kamar maɗaci. Shi ya sha a ƙuruciyarsa, kuma an daɗe da daina yin sa. Maganin ya tafi, sunan ya zauna a Toranke, har ya zama duk abin arzikin da aka saba da shi ya ɓace sai a ce ya zama Dalmofin. Takin gwamnati ya zama Dalmofin, kunyar yaran zamani ta zama Dalmofin.

Ranar da abin ya samo asali, Garzali ya sauke fasinja a Toranke bayan la'asar, ya tarar da Malam Barau a ƙofar gida da dattawan unguwa. Ya cire takalmi ya tsuguna ya gaishe su kamar mutumin kirki. Da ya tashi ya tafi a nan, da yanzu wani labarin ake. Sai tari ya sarƙe Malam Barau, ya lalubi aljihu ya taɓa inhela, ya dubi mutane ya fasa, ya ce Allah ya jiƙan zamanin Dalmofin.

Garzali ya koma ya tsuguna.

"Baba, Dalmofin kuka ce? Ai Jamusanci ne. Ma'anarsa, buɗe ƙirji ka huta."

Wani dattijo ya ce ko ma yaren aljanu ne, an dai daina yin sa tun kafin a haifi mai fassarar.

"An daina sayar wa talaka dai, Baba," in ji Garzali. "Mu da muka yi aiki a ciki mun san inda yake kwana. Ka taɓa ganin wani babba yana tsotsar roba a talabijin?"

Ba wanda ya taɓa gani, sai wuri ya yi tsit. Shirun nan shi ya ƙarasa Garzali, don ba abin da yake bugar da shi kamar a yi shiru ana sauraronsa. Ya nemi a ba shi inhelar ya duba. Ya juya ta, ya leƙa gindinta, ya girgiza ta a kunne, ya kaɗa kai ya ce wannan ai ita take cinye ƙarfin huhu a hankali. Kafin kowa ya ankara ya miƙe ya wurga ta can saman rumfar dabbobi, inda aka jibge harawa. Sannan ya dafa ƙirji ya ɗauki alkawari a gaban jama'a: ranar casar geron Baba, shi zai kawo gayya, ya kawo inji, ya kawo kunu, ya kuma kawo Dalmofin, Baba ya zauna a kan kujera a bakin masussuka ya ga geronsa da idonsa.

Idon Malam Barau ya kawo ruwa. Ba abin da yake marmari a duniya kamar ya tsaya a masussukarsa ya sa hannu cikin tsabar gero tana zubowa da ɗuminta.

Haulat ta ji komai daga zaure. Da Garzali ya leƙo yana jiran yabo, sai ta tambaye shi ko da gaske ya san inda maganin yake. Ya ce kamar yadda ya san hanyar gidansu. Ta ce to ai da ya fara kawowa kafin ya jefar da wanda ake da shi. Ya yi dariya ya ce ita malamar allo ce, ta bar harkar lafiya ga masu ita. Ita dai ta bi rumfar da kallo.

Washegari ya dira a Gaya, ya bi kemis-kemis. Yaron shagon farko ya tambaye shi ko turare ne. Na biyu ya latsa waya ya latsa, ya ce ko sunan ɗan ƙwallo ne. Na uku ya miƙo masa maganin tarin yara ya ce duk tafiyar ɗaya ce. Garzali ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana yi musu faɗan rashin sanin aiki, yana ƙara musu da cewa sunan Indiyanci ne, don ya manta jiya Jamus ya ce. A bakin kasuwa mai sayar da magani da lasifika a kan mota ya ce Dalmofin ya ƙare, amma akwai yayansa, wanda har basir yake warkarwa.

Daga ƙarshe aka tura shi wajen Alhaji Badaru, wanda ya fi kowa daɗewa da kemis a garin. Alhaji ya sauke tabarau, ya ce ƙwarai ya san shi, ya sayar da shi da hannunsa. An daina yin sa ne don yana sa zuciya bugu da rawar hannu, kuma an samu wanda ya fi shi, wato wannan na shaƙar.

"To ma'anar sunan fa, Alhaji?" Garzali ya tambaya, yana so ya kama shi.

"Ba shi da wata ma'ana. Masu kamfani ne suka zauna suka ƙaga abin da zai yi daɗin faɗa."

"Haka suka ce ka riƙa faɗa?"

"Su wa?"

"Alhaji, mu yi maganar manya. Leƙa ƙarƙashin kanta."

Alhaji Badaru ya leƙa ƙarƙashin kanta, ya fito da tsintsiya. Garzali ya bar shagon da sauri, yana gaya wa masu kallo cewa fushin nan kaɗai ya isa shaida, wanda ba ya ɓoye komai ba ya ɗaukar tsintsiya.

Kwanaki suka yi ta tafiya, ranar casa tana matsowa, labari kuwa ya gama Toranke har ya tsallaka ƙauyukan kusa. Duk inda ya tsaya sai a ce Dokta ina Dalmofin, ya ce yana hanya. A fili yana murmushi, amma a ciki tsoro ya fara cinsa, har tuwo ya daina wuce masa.

Ana gobe casa da hantsi ya je gidan ƙanwar babansa, Gwaggo Lauratu, wadda take kunun sayarwa a Balan, don ya tuna mata kunun 'yan gayya. Ya tarar ta tafi niƙa. Ya shiga ɗakinta neman ruwan randa, yana ɗaga kai sai ga ta a kan taga tsakanin kwalli da man shafawa: kwalba mai ruwan ƙasa, takardar jikinta ta koɗe, amma sunan yana nan raɗau. Ya girgiza ta, ta amsa. Ya buɗe, ƙananan ƙwayoyi farare sun kusa kai rabi. Sai a lokacin ya tuna marigayi mijin Gwaggo ma mai fuka ne. Garzali ya yi hamdala, ya zura ta a aljihu, ya fita yana mamakin yadda har gwaggonsa ta jini take cikin masu ɓoyewa.

Ya nuna wa abokinsa Zubair, mai injin casar da ya ɗauka haya. Zubair ya ce in ma shi ne, ai ya girmi wasu masu auren, ya lalace tuni. Garzali ya ce Dalmofin tsufa ƙarfi yake ƙara masa. Zubair ya ce to ya lasa ɗaya mana ya ji. Garzali ya dube shi da tausayi, ya ce a ina ya taɓa ganin likita yana shan maganin marar lafiya.

Ranar casa masussukar da ke bayan gidan Malam Barau ta cika, rabi 'yan gayya, rabi 'yan kallo. Garzali ya zo cikin shadda mai sitaci, ya ɗora farar rigar da ya aro a wajen mai aski. Kafin a tayar da inji Zubair ya yi abin da kowane mai casa yake yi, ya ɗebi ƙaiƙayi ya saki ya ga inda iska ta nufa, sannan ya ce a kai kujerar Malam can gabas, bayan inji. Garzali ya ce a can wa zai gan shi? Ya sa aka dasa kujerar a gindin darbejiya, daidai inda ƙaiƙayin Zubair ya sauka, ya ce iska ba ta isa ta gaya wa Dalmofin inda zai zauna ba.

Aka fito da Malam Barau cikin babbar riga. Garzali ya durƙusa ya miƙa masa kwalbar da hannu biyu. Tsohon ya karɓa, ya shafa takardar da babban yatsa kamar wanda ya haɗu da abokin ƙuruciya, ya ce wallahi ita ce. Jama'a suka ɗauki kabbara, har dattijon nan mai gardama ya sunkuyar da kai. Malam ya so ya sha nan take, Garzali ya hana, ya ce a ƙa'ida sai ƙirji ya fara kira. Gaskiyar magana kuwa so yake kowa ya ga ciwon tukuna, sannan ya ga aikin Dokta.

Inji ya tashi, aka fara cusa damma. Ƙaiƙayi ya taso ya nufi gindin darbejiya kamar an aike shi. Malam Barau ya ga tsabar geronsa tana zuba, ya yi murmushi, murmushin bai gama ba tari ya karɓe shi. Ƙirji ya fara kuka. Garzali ya ɗaga hannu ya ce na baya su matso, kada wani ya ce ba a gabansa aka yi ba. Sai da ya ga an kewaye su sosai, sannan ya zazzago ƙwaya biyu ya sa wa tsohon a baki.

Malam Barau ya tsotsa, fuskarsa ta canza. Da ƙyar ya ce, "Zaƙi."

"Sabon fitowa ne, Baba, an gyara shi," in ji Garzali, ya ƙara masa uku.

Ana cikin haka Gwaggo Lauratu ta iso a Keke Napep da robobin kunu, ranta a ɓace. 'Yan gayya suka kai baki suka yamutsa fuska, suka ce Gwaggo yau kunun salam. Ta ce ai dole, wani ɓarawo marar tsoron Allah ya shiga har ɗakinta ya ɗauke mata kwalbar sakarin ɗin da take zaƙaƙa kunu da shi, kwalbar ma ta marigayi ce take ajiye da ita don tunawa. Tana cikin jan Allah ya isa ta kutsa cikin taron don ta ga abin da ake kallo, sai idonta ya faɗa kan hannun ɗan wanta.

"Garzali, kwalbar sakarina ce wannan?"

"Gwaggo, ki bari, muna kan aiki."

"Aikin me? Kai ne ɓarawon? Sakarin kake ɗura wa bawan Allah?"

Dariya ta ɓarke, amma ba ta je ko'ina ba ta mutu, don Malam Barau ya zamo daga kan kujera, ya dafa ƙasa da hannu biyu, yana jan iska ba ta shiga. Jijiyoyin wuyansa suka miƙe, leɓɓansa suka fara sauya launi. Zubair ya kashe inji, aka ciccibi tsohon aka yi ƙofar gida da shi, nesa da ƙaiƙayi. Wani ya ce a kawo inhela. Sai kowa ya juyo ya dubi Garzali.

Tun da aka haife shi bai taɓa jin tsoro irin na lokacin ba. Ya yar da kwalbar, ya ruga, ya kama dirkar rumfar dabbobi ya haye da shaddarsa da farar rigar mai aski. Ya shiga tona harawa kamar kaza, yana watso ta ƙasa. Rumfar kara ce, an yi ta ne don harawa ba don ƙato ba. Ta yi ƙara sau ɗaya, ta buɗe, Garzali ya zurma har ƙugu ya maƙale, rabinsa a sama, rabinsa a turke. Ragon Malam Barau da ke ɗaure a ƙasa ya ga ƙafafu biyu suna lilo a gabansa, ya ja da baya ya fara aikinsa.

Daga nan saman ya ga komai. Ya ga Haulat ta fito daga zaure ba gudu ba ihu, ta durƙusa a gaban mahaifinta, ta zaro 'yar robar shuɗiya daga cikin hijabinta. Ashe tun ranar da ya wurga ta, yana barin garin ta sa gora ta zunguro ta. Ya ga Malam Barau, wanda ba ya shaƙa sai a bayan ƙyaure, ya kama hannun 'yarsa da hannu biyu ya kai robar bakinsa a gaban duk Toranke. Ya shaƙa, ya jira, ya sake shaƙa. A hankali kukan ƙirjin ya fara sauka, kafaɗunsa suka saki.

Da Malam Barau ya samu bakin magana, dattawa sun fara tsine wa Garzali, sai tsohon ya ɗaga musu hannu. Ya ce shi ma da laifinsa, da furfurarsa ya bar abin da yake ba shi numfashi ya bi suna. Aka sa shi a keken da ya kawo kunu don a kai shi asibiti a ƙara dubawa.

Ba wanda ya yi gaggawar sauko da Dokta. Gwaggo Lauratu tana tsintar sakarinta a ƙasa tana yi masa alkawarin abin da zai tarar a Balan, 'yan gayya kuma sun ce sai sun ga iyakar ƙarfin ragon. Haulat ta zo wucewa za ta shiga keke, ya kira ta da wata murya da ba a san shi da ita ba.

"Haulat, wallahi don in faranta wa Baba na yi."

Ta tsaya, ta ɗaga kai ta dube shi. Idonta ya yi ja.

"Na sani. Duk surutunka ban taɓa jin haushi ba, Garzali, dariya nake yi. Amma yau ina kallo Baba yana neman numfashi, kai kana cewa na baya su matso."

Ta shiga keke suka tafi. Garzali ya buɗe baki, karo na farko a rayuwarsa bai tarar da komai a ciki ba. Sai da Zubair ya ɗaure ragon a wani turken, sannan aka zaro shi ta ƙasa, wandon shaddar ya tsaya a jikin kara.

Gero ya shiga rumbu, manya ba su je Toranke sa rana ba. Kayan gaisuwa ne suka dawo Balan, cikin mutunci, ba tare da wata doguwar magana ba. Malam Barau yanzu a aljihun gaba yake sa inhelarsa, a majalisa yake shaƙa, har yana yi wa sauran masu fuka faɗa. Sunan Dokta kuwa ya bi ruwa. Daga Toranke har tashar Gaya ba mai kiran Garzali sai da Dalmofin, tun yana ɓata rai har ya gaji ya fara amsawa.

Rannan ya ɗauko wani baƙo daga Gaya zuwa Toranke. Tun daga tasha baƙon yake jin ana ɗaga wa mai babur hannu ana kiran sunan, abin ya dame shi. Suna shiga gari, daidai Islamiyya, ana jiyo muryar malama Haulat tana biya wa yara karatu, sai ya taɓa kafaɗarsa ya ce, don Allah malam, wai mene ne ma'anar Dalmofin ɗin nan?

Garzali ya rage gudu har suka wuce tagar ajin, bai waiwaya ba.

"Ban sani ba," in ji shi.